Hajiya, Ba a Rantsar da Ke Ba, Amma Za a Tambaye Ki

Bismillahir Rahmanir Rahim. Assalamu alaikum wa rahmatullah, iyayena mata da 'yan uwana, da mazan da wannan rubutu zai iske.

Duk wanda ya taɓa kallon bikin rantsar da shugaban ƙasa a Dandalin Eagle da ke Abuja ranar 29 ga Mayu, ya ga wata mata tsaye a gefen mai rantsuwar. Alƙalin alƙalai yana karantowa, mijin yana maimaitawa, ita kuwa tana tsaye shiru cikin ado. Babu wanda ya jefa mata ƙuri'a. Ba a miƙo mata Alƙur'ani ko Baibul ta dafa ba. In ka ɗauki kundin tsarin mulkin 1999 ka bi shi shafi-shafi, ba za ka ci karo da wani muƙami wai shi uwargidan shugaban ƙasa ba. Amma kafin a kira magariba a ranar, tana da ofis, tana da 'yan rakiya da jiniya, kuma mutumin da gwamnoni ke miƙe wa tsaye zai zauna a falonta yana jiran ta fito.

Abin da ke ba ni tsoro game da wannan kujera ke nan. Mijin yana da majalisa da za ta iya kiransa, yana da kotu, yana da 'yan adawa da ke ƙirga masa kowane taku, bayan shekara huɗu kuma ga akwatin zaɓe. Ita fa? Wa zai kira ta ya ce ta kawo lissafi? Babu. Wanda ake bincikarsa a duniya yana rage wani abu tun daga nan, ko da kunya ce ta sa ya gyara. Wanda ba a bincikarsa kuwa, lissafinsa kacokan aka ɗage masa zuwa ranar da babu lauya, babu mai magana da yawun kowa.

Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya ce dukkanku makiyaya ne, kuma kowa abin tambaya ne a kan abin kiwonsa. Da ya zo lissafawa ya fara da shugaba, ya ambaci namiji a cikin iyalinsa, sannan ya ce mace makiyayiya ce a gidan mijinta, kuma za a tambaye ta. To, idan gidan mijin nan shi ne fadar ƙasa fa? A cikin suratul Ahzab Allah Ya ce wa matan Annabi su ba kamar sauran mata ba ne, Ya shaida musu cewa wadda ta aikata alfasha bayyananna za a ninka mata azaba, wadda ta yi biyayya ta aikata nagari za a ba ta ladanta sau biyu. Ba na haɗa darajar iyayen muminai da ta kowace mace, Allah Ya kiyaye. Amma akwai abin lura a nan: zama kusa da jagora yana ƙara nauyi ne, ba ya ragewa.

Matar da ta fito da wannan kujera fili a Najeriya ita ce marigayiya Hajiya Maryam Babangida. Kafin ita, mutane da yawa ba su iya kawo sunan matar shugabansu. An haife ta a Asaba ranar 1 ga Nuwamban 1948, ta yi karatu a Kaduna, ta auri Ibrahim Babangida a watan Satumban 1969, yana matashin hafsan soja, ana tsakiyar yaƙin basasa. Matar soja ce kamar sauran matan bariki, mai kwana da fargabar saƙon da zai zo daga bakin daga. Da mijinta ya zama hafsan hafsoshin sojan ƙasa, ta shugabanci ƙungiyar matan hafsoshi. Ranar 27 ga Agustan 1985 aka wayi gari mijinta ne shugaban ƙasa.

A 1987 ta ƙaddamar da shirin Better Life, na kyautata rayuwar matan karkara. Waɗanda suka yi wayo a lokacin ba za su manta ba. Ƙasa tana cikin matsin shirin tsuke bakin aljihu da aka fara a 1986, darajar naira tana zubewa, farashin kaya yana hawa, kuma wadda ta fi kowa ji a jika ita ce matar ƙauye mai daka da surfe da ɗaukar ruwa da itace. Sai ga matar shugaban ƙasa tana kiran sunan wannan mata a talabijin. Aka kafa ƙungiyoyin gama kai, aka kai injinan niƙa da na matsar mai, aka buɗe azuzuwan yaƙi da jahilci, aka riƙa shirya baje kolin kayan da matan karkara suka yi da hannunsu. Matan gwamnoni suka zama shugabannin shirin a jihohi, matan ciyamomi a ƙananan hukumomi. A 1989 gwamnati ta kafa hukumar kula da al'amuran mata ta ƙasa, wadda daga baya ta zama ma'aikata. Aka gina cibiyar bunƙasa mata a Abuja, tana nan tsaye har yau. A 1991 aka ba ta lambar yabo ta Afirka kan yaƙi da yunwa, ita da Wangari Maathai ta ƙasar Kenya.

Ba zan rage mata ko ƙwayar zarra daga wannan ba. Akwai matan da suka fara rubuta sunansu da hannunsu a dalilinta, akwai waɗanda suka huta da dutsen niƙa. Allah ba Ya tozarta ladan mai kyautatawa. Amma tun tana kan kujerar mutane ke magana. Wasu suka ce daɗin rayuwar da ake faɗa matan manya ne suka sha shi, masu lesi da gwala-gwalai da ke cika sahun gaba a wurin taro. Lauyoyi da 'yan jarida kuma suka yi ta maimaita tambaya guda: ofishin da babu shi a doka, daga wane aljihu yake kashe kuɗi, wa kuma yake duba littafinsa? Ku riƙe wannan tambaya, zan dawo kanta, don tambayar addini ce kafin ta zama ta siyasa.

Kada kuma wani ya ɗauka gidan nan hutu ne zalla. Daren 22 ga Afrilun 1990 sojojin da suka yi yunƙurin juyin mulki suka buɗe wa Barikin Dodan wuta a Legas, tana ciki da 'ya'yanta, aka kashe dogarin mijinta, Laftanar Kanar U.K. Bello. Uwa ce da harsasai ke ratsa gidanta cikin dare. A watan Disambar 1991 aka koma Abuja, ta shiga sabuwar fada, a watan Agustan 1993 ta fito daga cikinta, ƙasa na tafasa kan soke zaɓen 12 ga Yuni. Ta koma Minna. Jiniya ta yi shiru. Bayan shekara 16, ciwon daji ya kwantar da ita a wani asibiti a Kaliforniya ta Amurka, ta rasu ranar 27 ga Disambar 2009 tana da shekara 61, aka kawo ta Minna aka yi mata sutura da irin farin ƙyallen da ake yi wa matar ƙauyen nan mai surfe. Allah Ya jiƙanta, Ya karɓi kyawawan ayyukanta, Ya yafe mata kurakuranta.

Shirin nata kuwa bai jira rasuwarta ba. Tana fita daga fada aka sauke allonsa. Hajiya Maryam Abacha ta zo da nata na tallafa wa iyali, wanda a ƙarƙashinsa aka fara ginin asibitin da yau ake kira Babban Asibitin Ƙasa a Abuja. Ranar 8 ga Yunin 1998 ta kwana matar shugaban ƙasa ta tashi mai takaba. Stella Obasanjo ita tun tana cikin fadar ajali ya same ta a ƙasar Sifen, a watan Oktoban 2005. Hajiya Turai ta yi jinyar Malam Umaru Musa 'Yar'aduwa daga Jidda zuwa Abuja, bakunan mutane a kanta, har ya cika ranar 5 ga Mayun 2010. A maƙwabciyarmu Nijar, ranar 26 ga Yulin 2023, dakarun da ke gadin fada suka rufe ƙofa a kan Shugaba Mohamed Bazoum da matarsa Hajiya Hadiza, gidan da ya kasance fada jiya ya koma wurin tsaro. Allah Yana ba da mulki ga wanda Ya so, Yana zare shi daga wanda Ya so. Mun haddace ayar tun muna makarantar allo, amma a kan matan nan muka ga tafsirinta da idanunmu. Zanen aro ne, kuma mai shi ba ya sallama in zai karɓa.

Yanzu ga tambayar da na ce ku riƙe. Da kuɗin wa?

Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya aiki wani mutum da ake kira Ibnul Lutbiyya ya karɓo zakka. Da ya dawo sai ya ce wannan naku ne, wannan kuma kyauta aka ba ni. Annabi ya hau mumbari ya ce me ya hana shi zama a gidan ubansa da uwarsa, ya ga ko za a kawo masa kyautar? Hajiya, wannan ma'auni naki ne kafin ya zama na kowa. Ɗan kwangilar da ya zuba miliyoyi a gidauniyarki ranar ƙaddamarwa, ina yake lokacin da mijinki ke neman kuɗin fom? Matar attajirin da ke aiko miki da akwatunan lesi da sarƙar zinari duk sallah, ta san hanyar gidanku shekara goma da suka wuce? Ba ke suke so ba. Ƙofa suke saye, kuma ke ce ƙofar. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, askin nan kuwa ba a kanki za a yi shi ba. A kan hanyar da za a bar ta rabi za a yi shi, da asibitin da za a kai wa jabun magani, da yaron da ya fi kowa cin jarrabawa aka ba ɗan wani gurbinsa.

Malaman tarihi sun kawo cewa Ummu Kulsum 'yar Aliyu, matar Halifa Umar ɗan Haɗɗabi, ta aika wa matar sarkin Rum ɗan turare ta hannun manzon da ke kai wasiƙun daula. Matar sarki ta rama da tukuici mai tsada, har da abin wuya na alfarma. Umar ya tara mutane ya nemi shawara. Wasu suka ce ai nata ne, kyauta ce tsakanin mace da mace. Ya ce amma manzon na Musulmi ne, abin hawan da ya kai saƙon ma nasu ne. Ya sa aka kai kayan baitulmali, aka mayar mata da gwargwadon abin da ta kashe. Jikar Annabi ce fa wannan, kuma ba ta roƙi kowa ba. Mu yau jirgin gwamnati, da motocin gwamnati, da ma'aikatan gwamnati ake kwasa a je taron gidauniya mai zaman kanta, a dawo a ce aikin alheri aka je yi.

Wani zai ce ai ko da kuɗin gwamnati ne, talaka aka ba. To, a kira shi da sunansa. A ce wa matar nan ga haƙƙinki an kawo miki, ki yi haƙuri da jinkiri. Kada a buga hoton Hajiya a jikin buhun, kada a sa ta durƙusa tana godiya a kan abin da tun asali nata ne. Allah mai tsarki ne, ba Ya karɓar sai mai tsarki, kuma Ya hana mu ɓata sadakokinmu da gori da cutarwa. A cikin mutum uku da hadisi ya ce da su za a fara hura wuta, akwai mai dukiyar da ya yi ta bayarwa don a ce shi mai kyauta ne. Za a ce masa ai an faɗa. Duk lokacin da na ga kyamarori sun fi buhunan yawa a wurin rabo, wannan kalma ce ke faɗo mini: ai an faɗa.

A tarihin Musulunci da wuya a sami matar shugaba da ta yi aikin jama'a kamar Zubaida 'yar Ja'afar, matar Halifa Harunar Rashid. Ta je hajji ta ga yadda alhazai ke wahalar ruwa, ta sa aka janyo shi ta cikin duwatsu daga Wadin Nu'uman zuwa Arfa. Da mai kula da dukiyarta ya ce mata aikin zai ci kuɗi mai yawa, an ruwaito ta ce a yi, ko da kowane saran gatari zai ci dinari guda. Hanyar alhazai daga Kufa zuwa Makka, tafiyar fiye da kilomita 1,000, ta sa aka yi mata rijiyoyi da tafkuna da masaukai, har yau da sunanta ake kiran hanyar. Ta rasu a shekara ta 216 bayan hijira, kuma alhajin da ya lura zai ga ragowar magudanar ruwanta a kusa da Arfa. Ita ba allo ta kafa ba, ruwa ta kawo.

Amma ku ji abin da ya hana ni barci. Malamai sun kawo mafarki biyu game da ita. A ɗaya an gan ta bayan rasuwarta ta ce an gafarta mata tun daga saran farko da aka yi a hanyar Makka. A ɗayan kuma, da aka tambaye ta ina ladan ayyukan nan, sai ta ce ladan ya koma ga masu shi, abin da ya amfane ta wasu raka'o'i ne da take yi kafin asuba. Mafarki ba hujja ba ne a shari'a, ba kuma a yanke wa kowa hukunci da shi. Sai dai malaman da suka rubuta na biyun sun san abin da suke tsoratarwa a kai. Idan har ana iya jin wannan fargaba game da mai rijiyoyin hanyar Makka, ina ga mai rabon atamfa?

Ni a ganina ma, babban aikin matar shugaba ba a filin taro yake ba. Yana cikin ɗaki, bayan an sallami fadawa. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya ce babu wani annabi da Allah Ya aiko, ko halifa da Ya naɗa, face yana da abokan sirri iri biyu: masu umartarsa da alheri suna kwaɗaitar da shi, da masu umartarsa da sharri suna zuga shi, kuma tsararre shi ne wanda Allah Ya tsare. Wane abokin sirri ne ya kai wadda ke ganin shugaba ba hula, wadda ta san irin tarin da yake yi in ransa ya ɓaci? Minista yana tsoron kora, mai ba da shawara yana tsoron a daina ɗaukar wayarsa, malamin fada ma wani lokaci yana duba kujerar hajjinsa. Ke kaɗai ce za ki iya cewa, Alhaji, mutane fa suna kwana da yunwa, abin da ake faɗa maka ba haka yake ba, ki kuma wayi gari kina matarsa.

Ranar Hudaibiyya, a shekara ta 6 bayan hijira, an ƙulla sulhun da ya yi wa sahabbai nauyi. Annabi ya umarce su su yanka hadayarsu su yi aski, har sau uku, babu wanda ya motsa saboda baƙin ciki. Ya shiga wurin Ummu Salama ya gaya mata. Ta ce ya fita, kada ya yi wa kowa magana, ya yanka tasa, ya kira mai aski. Ya yi hakan, sai ga sahabbai suna rige-rigen bin sa. Ba ta tara jama'a ba, ba ta kafa komai ba. Magana ce ta cikin hema, ta tsamo al'umma daga saɓa wa Manzonta. Ku kuma dubi Asiya: a gidan Fir'auna take, amma ita ce ta ce kada ku kashe shi, aka bar jariri Musa da rai. Ba ta iya gyara mijinta ba, kuma Allah bai kama ta da laifinsa ba. Ta faɗi abin da za ta iya, ta roƙi gida a wurin Ubangijinta a Aljanna.

A watan Oktoban 2016 Hajiya Aisha Buhari ta yi hira da sashen Hausa na BBC, ta ce wasu 'yan tsiraru sun kankane gwamnatin mijinta, yawancin waɗanda aka naɗa bai san su ba, kuma in ba a gyara ba ba za ta fita yi masa yaƙin neman zaɓe ba. Garin ya ɗauka. Wasu suka ce ta tona asirin aure, wasu suka ce ta faɗi abin da maza suka kasa. Asalin nasiha ga shugaba, balle miji, a asirce ake yin ta, a nan nake tsaye. Abin da ya gudana a ɗaki kafin ta fito kuwa tsakaninta ne da mijinta da Allah. Amma na lura da wani abu a lokacin: da yawa daga masu zaginta ba su taɓa zagin matar da ta yi shiru tana karɓar rabonta ba. Mun fi jin zafin wadda ta yi magana a kan wadda ta ci ta goge baki. Wannan awo namu akwai gyara a cikinsa.

Bari in faɗi wani abu da ya faru da ni, don kada a ce na hau mumbari ina nuna wasu da yatsa. Shekarun baya na raka wata gwaggona, mijinta ya rasu ya bar mata marayu biyar, zuwa rabon tallafi da matar wani babba ta shirya a wata ƙaramar hukuma. Tun hantsi muke cikin rana. Rumfa ɗaya ce, ta manyan baƙi. Ba a iso ba sai bayan la'asar, mata da yawa azahar ta wuce su don tsoron kada layi ya wuce su. Aka yi jawabai, aka kira mata goma aka ɗauke su hoto da kekunan ɗinki, ayari ya tashi. Gwaggo ta samu shinkafa mudu biyu da turmin atamfa mai hoton Hajiya. Kuɗin motarmu zuwa da dawowa ya kusa cinye kuɗin shinkafar.

A mota na buɗe baki na yi ta zuba. Na zagi matar, na faɗi abin da na gani, na ƙara da abin da ban gani ba, har na taɓa mutuncinta da wata magana da na tsinta a bakin mutane. Gwaggo ta bari na gama, sannan ta ce, “Ke 'yar nan, rana ta dake ni, na yarda, kuma Allah Zai tambaye ta. Amma wancan zancen na ƙarshe, kina wurin?” Na yi shiru. Ta ce, “To kin ba ta ladanki a banza, ga shi ba ki samu ko mudu ɗaya ba.” Har yau in na tuna sai na yi istigfari.

Don haka nasihar nan ba ta matan fada kaɗai ba ce. Faɗin cewa an yi zalunci a rabo, ko tambayar inda kuɗi ya fito, haƙƙin talaka ne, babu mai hana shi. Amma jifan mace da abin da ba ka gani ba, da yaɗa hotonta ana yi mata dariya, da ƙirƙira mata labarin aure ko na ciwo a Facebook da TikTok, wannan cin naman 'yar uwa ne, kuma kasancewar mijinta shugaba bai halatta naman ba. Allah Ya la'anci masu jifan mata kamammu a duniya da lahira, bai ware matan masu mulki ba.

Sannan mu dangi da ƙawaye, mu ji tsoron Allah. Sau da yawa mu ne muke tura ta. Ranar da aka naɗa mijin 'yar uwarmu ko da kansila ne, mun fara zarya ke nan: ɗana ba shi da aiki, mijina yana son kwangila, ki sa baki a saki wane. In ta ce ba hurumina ba ne, mu ce ta samu duniya ta manta da zumunci. Usama ɗan Zaid, masoyin Annabi, ya je ceton wata mata 'yar babban gida da ta yi sata, fuskar Annabi ta canza, ya ce abin da ya halaka na gabaninku ke nan, in babba ya yi sata su ƙyale shi, in mai rauni ya yi su tsayar masa da haddi. Duk takardar da muka cusa wa Hajiya ta kai ɗaki, wani marar gata muka ture daga layi. Matar gwamna, matar ciyaman, matar hakimi, matar shugaban makaranta, har matar mai rabon taki a gunduma, kowacce tana da 'yar fadarta, kuma kowacce akwai masu zarya a ƙofarta.

Wadda nake so kowace matar mai muƙami ta san labarinta ita ce Faɗimatu 'yar Abdulmalik. Ubanta halifa ne, 'yan uwanta maza huɗu, Walid da Sulaiman da Yazid da Hisham, duk sun yi halifanci, mijinta kuma shi ne Umar ɗan Abdul'aziz. Babu macen da ta tashi cikin daula kamarta a zamaninta. Da aka ɗora wa mijinta mulki a shekara ta 99 bayan hijira, ya dubi kayan adon da ubanta ya ba ta, waɗanda ba a taɓa ganin irinsu ba, ya ce ta zaɓa: ko ta mayar da su baitulmali, ko ta yi masa izini su rabu, don ba zai zauna gida ɗaya da su ba. Ba ta ce ai gadon gidanmu ne ba. Ba ta kira 'yan uwanta su sa baki ba. Ta ce ta zaɓe shi a kan kayan, ko da sun ninka haka. Aka kwashe aka kai baitulmalin Musulmi.

Ta zauna da shi shekara biyu da 'yan watanni cikin ƙunci irin na talakawa, matar halifa tana aikin gidanta da hannunta. Ita ce ta ba da labarin yadda take samunsa a wurin sallarsa hawaye na zuba a gemunsa, yana cewa ya tuna mayunwaci da marar lafiya da wanda aka zalunta da baƙon da ke tsare a nesa, ya san Allah Zai tambaye shi a kansu. Ba ta ce masa ya rage damuwa, ai ya yi ƙoƙari ba. Ta bar shi da tsoron Ubangijinsa, ta taya shi ɗaukarsa.

Ya rasu a shekara ta 101. Ɗan uwanta Yazid ya hau mulki, ya ce mata in tana so zai dawo mata da kayanta. A lokacin babu miji, babu mai hana ta, babu wanda zai ga laifinta. Ta ce, “A'a wallahi. Ba zan bayar da su da daɗin rai yana raye ba, sannan in dawo in karɓa bayan ya rasu.”